Saiwar Mama da Ramin Dutsen Mai

Shekara ashirin da uku ina tuƙa tifa a ramin dutsen mai na São Mateus, ban taɓa kifar da mota ba, ko kaza ban taɓa takawa ba. Amma je ka tambayi mahaifiyata, Dona Leocádia, wane irin direba ne ɗanta Vitoldo. Ce maka za ta yi shi ne wanda ya loda gonar uwarsa a mota ya je ya juye. Abin haushin kuma, ba sharri ta yi mini ba.

Mu nan da dutsen muka tashi, xisto muke ce masa. Baƙi ne mai ɓarewa falle-falle, in ka jefa shi a murhu sai ya kama ci da wuta yana wani wari mai hawa kai. Kakanninmu da suka zo daga Poland ba su ɗauke shi a bakin komai ba, sai abin karya musu garma. Daga baya ne masana suka ce ai mai ne kwance a cikinsa, kuma shimfiɗarsa ta ratsa ƙarƙashin jihohi da dama. Aka zo aka kafa kamfani, aka gina wata doguwar tukunyar ƙarfe da ake hangowa tun kafin a shigo gari. Aikinmu shi ne a yaye ƙasar sama, a fasa abin da ke ƙarƙashi, mu kwashi dutsen mu kai a dafa shi har ya yi gumin mai da gas da farar wuta. Shekarar da fetur ya yi tsada a duniya mu ne 'yan lele, manya su zo daga birni da hular kwano sabuwa fil su yi hoto da mu. Shekarar da ya faɗi kuwa, sai ka ji ana raɗe-raɗin za a rufe mu, wai wahalar dafa dutsen ta fi man yawa. Mun saba, ba ya hana mu cin abinci.

Shi ramin ba ya zama wuri ɗaya. Gaba yana cin ƙasa, baya ana cike shi da dafaffen dutse, a shimfiɗa ƙasar noman da aka yaye a kai, masu itatuwa su zo su yi dashe. A haka yake tafiya a hankali, har wata shekara ya iso gonakin unguwarmu.

Mun zaci Mama za ta tayar da ƙayar baya. Ko kaɗan. Tun rasuwar Baba gonar ta ishe ta, ga shi ta sami ɗan gida a cikin gari wanda daga ƙofarsa zuwa coci bai fi taku ɗari biyu ba. A watan Mayu muka kwashe ta, da kaji, da murhun ƙarfe, da hoton Maryamu, har da wata kujerar da ba wanda ya zauna a kai tun ina yaro saboda ƙafarta uku. Abu ɗaya ya rage a gonar, shi ne krem.

Kowane gidan jikokin Poland yana da krem ɗinsa, farar saiwar nan mai yaji da ake gurzawa a ci da ƙwai ranar Ista. Amma namu daban ne, ko in ce haka aka tashe mu muna faɗa. Kakar Mama ce ta taho da shi a jirgin ruwa, naɗe cikin safa, kuma daga uwa sai 'ya yake bi. Yajinsa ba ya tsayawa a harshe, hanci yake bi ya fito ta ido. Ba mu taɓa ba maƙwabci ko ɗan yanki ba. In mace ta zo roƙo, sai Mama ta cika mata kwalba da gurzajje, wanda ta san ba zai tsiro ba, ta raka ta har bakin hanya tana fara'a. Saboda wannan rowar tamu, duk duniya a wuri ɗaya yake, bayan garken aladu, wurin da bai fi faɗin tebur biyu ba.

"Ba a tone shi da ganye a kai," in ji Mama ranar tashi. "Sai sanyi ya daskarar da raɓa sau biyu, ganyen ya mutu, ƙarfin ya koma ƙasa."

Yayata Bronia ta ce, "To Mama, in lokacin ya yi sai in zo in tone."

"Ki shiga ta ina?" na ce. "Daga jibi za a kewaye nan da waya, sai mai katin aiki. Ku bar min. Katafila ba za ta iso nan ba sai Satumba, ni na ga takardar tsarin aikin da idona."

Bronia ta watsa min harara. "Kai ɗin? Kai da ka manta matarka a gidan mai?"

"Sau ɗaya ne, kuma na koma na ɗauko ta."

"Sau biyu, Vitoldo," in ji Mama, tana nuna min yatsu. "Raɓa ta daskare sau biyu, ka tono min."

Raɓa ta daskare sau biyu tun a makon farko na Yuni, don mu nan a lokacin sanyi ke shigowa. Ta daskare sau biyar, ta daskare sau tara. Kullum ina wucewa ta gefen wayar ina hango rufin garken, ina cewa Asabar. Wata Asabar aka wuni ana ruwa. Wata Asabar aka ce kifi na cin ƙugiya a kogin Iguaçu kamar an aiko shi, ni kuwa ba a faɗa mini haka in zauna. Ta ukun ban ma tuna abin da ya hana ni ba. Me zai sa in yi gaggawa, ni da na ga takarda?

Abin da takardar ba ta sani ba shi ne, wasu can a wata nahiya za su yi rigimarsu fetur ya tashi. Ina hutun mako guda aka ƙaro ma'aikata, rami ya ƙara sauri. Litinin ɗin da na dawo, aka kira ni a rediyon mota aka ce in nufi sabon wurin lodi. Na bi hanya, na sha kwana, na taka birki. Fili ne ja, fetal, babu gida, babu garke, babu itace ko ɗaya. Da bakin rijiya kaɗai na gane inda nake.

Compadre Ambrósio, wanda ya riƙe 'yata ranar baftisma, shi ya sa nake ce masa compadre, shi ne a kan katafila yana 'yar waƙarsa.

"Compadre!" na ƙwala masa kira. "Ina ƙasar bayan garke?"

Ya rage injin, ya leƙo. "Wane garke? Tun Laraba muka share nan. Yau kwana biyar mota goma sha biyu na jigila."

"Ina suka kai?"

"Wasu kudu, wasu arewa, wasu bayan tafki. Lafiya? Zinariya kuka binne?"

Na faɗa masa. Shi mutumin jihar Minas ne, bai san komai ba sai cuku da wake, don haka dariya ya yi har da buga ƙofar katafila.

"Saiwa? A kan saiwa kake neman faɗowa daga mota? Je ka kasuwa ka sayo wa tsohuwa wata mana. Saiwa ai saiwa ce."

Na durƙusa ina tona tulin ƙasar da hannu, ko zan ga wani abu fari, har motocin bayana suka dame ni da hon. Haka na miƙe na ja mota aka loda min. Ranar sawu goma sha bakwai na yi da ƙasar da aka haife ni a kanta, kowane sawu ina zagin kaina.

Shawarar Ambrósio ta banza ce, na kuma san ta banza ce, amma ita na ɗauka. Na tafi har garin Irati inda ba mai sanina, na sayo manyan saiwa shida a hannun wata tsohuwa. Na yi fakon lokacin da Mama take coci na binne su a bayan sabon gidan, na zuba ruwa.

"Na dasa miki, Mama, kada ki wahalar da bayanki," na ce da ta dawo.

Ta shafa kumatuna ta ce Allah ya yi min albarka. Da mari ta yi min da ya fi min sauƙi.

Da ɗumi ya shigo ganye ya fito, ta tsaya a kansa riƙe da ƙugu. "Ganyen nan ya cika faɗi."

"Ƙasar gari ce, Mama. Ke ma ai kin yi ƙiba tun da kika dawo."

Ta kai min duka da tawul, magana ta wuce. Ni kuwa duk watannin nan, in na bi ta kudu ko bayan tafki, idona na kan filayen da aka cike, ban ga komai ba sai ciyawar da ake shukawa don riƙe ƙasa. Arewa kam an riga an miƙa wa masu itatuwa, tifa ba ta zuwa.

Ranar Asabar ta jajiberin Ista Mama ta shirya kwandonta yadda ta saba: ƙwai masu zane, burodi, gishiri, tsiran alade, ɗan ragon da take ƙerawa da man shanu, da saiwar krem a tsakiya, ta rufe da farin ƙyalle ta kai coci fada, limamin cocin, ya yayyafa ruwan albarka. Lahadi da safe muka hallara mu goma sha huɗu.

A gidanmu wannan ne lokacin da kowa ke jira duk shekara. Mama takan fita tsakar gida ta gurza saiwar, ta juya wa iska baya, ta dawo ido jawur. Sai ta yanka ƙwai ta ɗora wa kowa gurzajjen a kan nasa, a yi addu'a, a jefa a baki gaba ɗaya. Ana cewa don a tuna ɗacin wahalar Yesu ne. Daƙiƙa uku sai ka ga tebur ya rikice, wannan na tari, wancan na buga tebur, manyan maza na hawaye shaɓe-shaɓe, kowa na nuna ɗan'uwansa yana dariya. Sai an yi wannan kukan ake cewa Ista ta shigo.

Ranar a cikin kicin ta gurza, ƙofa a rufe, ta fito idonta garau. Aka raba, aka yi addu'a, aka jefa a baki. Mutum goma sha huɗu suna tauna, ba ka jin komai sai agogon bango. Ba wanda ya ko shaƙe.

Ni kuma da wayona, sai na runtse ido, na yamutsa fuska, na fara tari ina fifita baki da hannu. "Kai! Na bana ya fi na bara! Maryamu uwar Yesu!"

Na buɗe ido na ga kowa ni yake kallo.

"Sauke hannunka, Vitoldo," in ji Mama. "Babu komai a idon. Daga ina ka samo shi?"

"Irati."

"Nawa kuma fa?"

"Katafila ta riga ni, Mama."

Bronia ta buɗe baki, Mama ta ɗaga mata hannu. Ba ta yi faɗa ba, ba ta yi kuka ba. Ta ɗauki farin ƙyallen kwandon ta ninke shi gida huɗu, ta ce, "Ku ci abinci kada ya huce. Baɗi ba zan kai kwando ba, wata ta kai."

Shekararta tamanin da ɗaya, kuma tun tana 'yar bakwai ba a taɓa yin Ista ba ta shiga coci da kwando ba.

Daga ranar ba ta canza min fuska ba. In na biya bayan aiki za ta tambaye ni ciwon bayana, ta ba ni kek in kai gida. Amma in aka zauna a baranda shan mate, shayin ganyen nan da ake zagayawa da shi a ƙoƙo ɗaya, ta cika ƙoƙon da ruwan zafi ta miƙa wa Bronia, ya dawo ta cika ta miƙa wa matata, ya dawo sai ta tsallake ni ta ba na gefena, kamar kujerata babu kowa. A garinmu ko baƙon da ya zo karanta mitar wuta ba a tsallake shi. Ina ƙato da furfura a gemu, abin nan ya riƙa ci mini rai ba kaɗan ba.

Aka yi wata goma sha ɗaya a haka. Wata Alhamis cikin watan Maris, saura mako uku Ista, aka tafka ruwan da ya tsayar da aikin rami, sai muka haɗu a ɗakin cin abinci da masu itatuwa, waɗanda kullum sai mun tashi suke shigowa. Wani direban tarakta cikinsu, Nestor, ya zauna gabanmu da farantin shinkafa da wake, ido jawur, hanci na zuba.

Ambrósio ba ya ganin abu ya ƙyale. "Ɗan'uwa, haƙuri za ka yi. Ta tafi da talabijin ɗin ma?"

"Wa?"

"Matar taka mana."

"Matata na nan ƙalau," in ji Nestor, yana jan hanci. "Wata la'ananniyar ciyawa ce a filin arewa. Mun ɗauka harshen-saniya ce, irin mai faɗin ganyen nan. Tun bara Doutora Jurema ke sa ni ina bin ta da garma. Sau uku ke nan. Duk sanda na sare ta sai ta dawo ninki, kuma da garma ta shiga sai wani yaji ya taso, in yi ta kuka ni kaɗai a kan tarakta kamar maraya."

Cokali ya faɗi daga hannuna. "Saiwar wace kala ce?"

"Fara."

Ban ƙarasa abincin ba. Doutora Jurema, wato Dakta Jurema, ita ce shugabar masu itatuwa, 'yar jihar Bahia ce, gajera, mai faɗa da dariya a lokaci ɗaya, kuma ma'aikatanta duk daga nesa aka kawo su, shi ya sa babu wanda ya gane abin da suke sara. Na same ta a rumfar renon itatuwa na ce don Allah ta kai ni filin arewa.

"Seu Vitoldo, in ciyawar nan ka zo kallo ka yi sauri," ta ce a mota. "An ba ni filin nan in mayar da shi daji irin na da, itatuwan ƙasar nan zalla. Masu duba aiki na zuwa wata mai kamawa, ita kuma ta shaƙe min dashe. Litinin zan sa a yi mata feshin magani, in huta."

Da muka isa na sauka. Wurin da na sani da faɗin tebur biyu, ga shi nan ya fi filin ƙwallo uku, kore shar, ƙananan itatuwan Doutora na leƙowa daga ciki da ƙyar. Na tono ɗaya da makullin mota, na goge a wando, na gatsa. Sai da na zauna a ƙasa. Doutora ta zaci suma zan yi, ta ruga ɗauko ruwa.

Amma kukana ba hujja ba ce. Gonaki da yawa aka yaye a unguwarmu, kowace da krem ɗinta, ni kuma harshena ya riga ya zubar da mutuncinsa. Mutum ɗaya ne zai iya cewa namu ne ko ba namu ba. Da yamma na je na faɗa wa Mama, na ajiye saiwar a kan tebur.

Ko kallonta ba ta yi ba. "Ka taɓa kawo min saiwa. Wannan kuma daga wace kasuwa?"

"Na rantse, Mama, daga filin arewa."

"To a cikin ƙasa zan gan ta, in tona da hannuna."

"Ba a barin kowa shiga, Mama. Sai da takarda, da hular kwano, da..."

"Kai ba ka san takardu ba? Ai kai ne mai ganinsu da idonka."

Doutora Jurema ta yi dariya har da riƙe ciki da na kai mata labari, ta ce ko don ta ga matar nan za ta nemo izini. Asabar da safe sai ga Mama da Bronia a ƙofar kamfani. Aka zaunar da su kallon bidiyon kiyaye haɗari, Mama na gyara wa mai magana a ciki, wai yana sauri. Aka ba ta hular kwano ta ɗora a kan ɗankwali, da riga mai ƙyalli da ta kai mata gwiwa, da takalmin da ƙafafunta biyu za su shiga guda. Mai gadi ya ce a bar wuƙa a ƙofa. Ta dube shi ta ce ta san kakarsa, kuma ta san ranar da aka yaye shi. Wuƙa ta shiga.

Hanyar arewa ta bi ta gefen rami. Mama ta ce a tsaya. Ta sauka ta riƙe ƙarfen kariya tana leƙawa, can ƙasa tifofi na yawo, babbar motar haƙa na kamfatar baƙin dutse.

"Ina ne namu?"

"Kin ga inda motar can mai ruwan ɗorawa take? Nan ne, amma sama, daidai tsayinmu ɗin nan. A iska."

Ta daɗe tana kallon iskar. Na ji tausayinta ya kama ni, har na fara neman abin da zan ce.

"Ashe a kan mai muka yi shekara sittin muna noman dankali," ta ce, "ubanku na tafiya gari a ƙafa sayen kananzir. Mu je."

Muka isa filin arewa. Ta ja takalman nan ta shiga cikin ganyen, ta wuce na bakin hanya, ta zaɓi wani can ciki ta durƙusa. Ta ƙi yarda kowa ya taimaka. Ta tona da wuƙarta a hankali har ta zaro saiwar duka, ta kankare, ta sansana, ta yanki ɗan kaɗan ta sa a baki. Ni da Bronia da Doutora muka tsaya cirko-cirko. Ta tauna, ta tauna. Hancinta ya yi ja. Sai hawaye suka zubo, suka bi ta ƙarƙashin gilashin kariyar da aka sa mata har haɓa.

"Shi ne," ta ce. "Ja'iri. Shi ne."

Bronia ta fashe da kuka tun ba ta ɗanɗana ba. Ni kuwa dariya ce ta ƙwace min, irin wadda ba ta tsayawa.

Mama ta juya ga Doutora tana share fuska da hannun rigar kamfani. "'Yata, wa ya ce ki sare shi da garma?"

"Haka ake kashe ciyawa, Dona Leocádia."

"Sau nawa?"

"Uku."

"Krem kowane ɗan yanki da kika yanka sabon tushe ne. Katafila ta daddatsa, ke kuma kika zo kika ƙara. Shekara ɗari da talatin muna fama bai wuce bayan garke ba. Ke dai kin fi kakata iya noma."

Doutora ta dafe kai. "To yanzu ya zan yi? Magani fa?"

"Ganye zai ƙone, ki yi murna, bayan wata biyu ya fito ya gaishe ki. Tone shi ake yi da hannu, ɗaya bayan ɗaya, har ƙarshen wutsiya. Wanda ya tsere kuma, in itatuwanki suka yi inuwa shi da kansa zai haƙura, ba ya son duhu."

"Ma'aikata shida gare ni. Sai mu kai baɗi."

"Saura mako uku Ista, garin nan kuma cike yake da matan da suka shekara arba'in suna roƙona saiwar nan. Ki samo musu huluna. Fada zai yi sanarwa gobe, Asabar mai zuwa za ki ga aiki."

"Mama!" in ji Bronia. "Ba ma bayarwa fa! Ke kika ce ko ɗan yanki..."

"Dube shi, Bronia. A wane aljihu za ki ɓoye wannan?"

Doutora ta ce feshi an ɗage, sauran kuma za ta san yadda za ta shawo kan na sama, in ya so ta rubuta musu cewa sabuwar dabarar cire ciyawa ce. Ta koma mota tana buga waya tana dariya.

Muka rage mu uku. Mama ta sake durƙusawa, ta duba ta duba, ta tono wata saiwa miƙaƙƙiya mai kauri, da kanta da 'yan jijiyoyinta, irin wadda ake dasawa. Bronia ta goge hannu a siket ta miƙa, don kowa ya san daga uwa sai 'ya. Mama ta wuce hannun nata ta miƙo min.

"Mama, shi fa ya ɓatar!" in ji Bronia.

"Na sani. Ke ba ki taɓa ɓatar da komai ba tun da na haife ki, ko maɓalli. Shi ya sa ban san ko kin iya nema ba. Ki tono taki, ga su nan har sun yi yawa."

Na ce, "Zan dasa miki yau ɗin nan, Mama. Yau, ba Asabar ba. Zan tumɓuke na Irati in..."

"Ba gidana za ka kai ba. Bayan gidanka za ka dasa, inda za ka riƙa ganinsa kullum. Kwandon bana ma kai za ka riƙe min har gaban fada, ni zan bi ka a baya. Hannuna ya fara rawa, kada in zubar da ƙwai a coci."

Na karɓi saiwar da hannu biyu, da ƙasarta da komai. Sai a lokacin na dubi hannun da ya miƙo min ita, na ga ba wasa take yi ba.